Kaset ɗin Yaya Saude

Shekara goma sha ɗaya ke nan da rasuwar yayata Saude, kuma har yau ban cika alkawarin da na yi mata ba.

Ni malamar ungozomomi ce a Daura. A farkon shekarun Shari'a, bidiyon haihuwar da muke koyarwa da shi na Turawa ne. Ɗalibai su yi ta ƙunshe dariya, wai ai matanmu na garin Baure ba haka suke naƙuda ba. Muka shiga neman wadda za ta yarda a ɗauke ta. Wa zai yarda? Sai Yaya, tana ɗauke da ciki na shida. Mijinta ya amince, muddin mata zalla za su gani.

Muka rufe mata fuska da mayafi, ni na riƙe kyamara. Da ikon Allah yaron ya taho da ƙafa, aka sha fama, aka fito da shi lafiya. Da ta huta sai ta kama hannuna.

“Ke Hauwa, ran da na mutu ki ƙone kaset ɗin nan. Ba na so ina kwance a kabari ana kallon tsiraicina.”

Na ce to, da saurin bakin nan nawa. Shekara shida bayan haka hawan jini ya tafi da ita.

Na ɗauko kaset ɗin bayan sadakar arba'in don in ƙone shi, na kasa. Na ce saboda ɗalibai ne, kuma ba ƙarya na yi ba: wata tsohuwar ɗalibata da ke aiki a Zango ta rantse mini cewa da shi ta ceci uwa da ɗa. Amma akwai abin da ban taɓa faɗa ba. Yaya ba ta taɓa tsayawa an yi mata hoto ba. A tsakiyar naƙudar nan kuwa ana jin ta tana yi mini faɗa, “Daina rawar hannu mana!” Duk shekara ɗalibai na kallo, ni ina runtse ido ina jiran wurin in ji muryarta.

Da ta ga yadda waya ke yawo da sirrin mutane a yau, da ta ce ai ta faɗa. Na hana a kwafe shi, amma wannan ba ya wanke ni. Ina jin tsoron haɗuwarmu a lahira.

A bana, muna cikin kallo, sai bakina ya suɓuce na ce, “Allah Ya ji ƙanta.” Sai wata ɗaliba ta ɗaga hannu.

“Malama, ta yarda a ci gaba da kallon ta bayan ranta?”

Allah Ya yafe mini, na ce mata e.