Ranar da Na Kai Hajiya Kallon Fim Marar Magana

Shekarar da mahaifiyata Hajiya ta zo daga Kano ta yi mana wata biyu a unguwar Woolwich ta Landan, talabijin ta fi komai gundurarta. "Surutu kawai, ba na jin ko ɗaya," in ji ta. Wata abokiyar aikina a asibiti ta ce akwai ƙaramin silima da ke nuna finafinan da, marasa magana. Na kama mana kujeru na ranar Asabar bayan azahar, ina ɗokin ganin yadda za ta ɗauke shi.

Ba mu kai mutum talatin ba a zauren. Wata tsohuwar Baturiya ta zauna gaban fiyano a ƙasan allon tana kaɗawa. Labarin matar wani mai gidan burodi ne da ƙanen mijinta, wanda ya dawo daga aikin jirgin ruwa. Duk sanda rubutu ya fito sai in raɗa wa Hajiya fassara.

Da ƙanen ya ce zai koma, rubutun ya nuna matar tana cewa ta yi murna. Na fara fassarawa, Hajiya ta dafa gwiwata.

"Rabu da rubutun nan, ƙarya yake. Dubi hannunta."

Na duba. Matar tana murmushi, amma yatsunta sun nutse cikin kwaɓin fulawa har wuyan hannu.

"Tun shigowarsa ba ta kalle shi ba ko sau ɗaya," in ji Hajiya. "Wa ake ƙin kallo haka in ba wanda ake so ba?"

Daga nan na daina fassara, ita ta koma ba ni labari.

Da aka kunna fitilu ta ce sai mun je wurin mai kiɗan. Ta sa na tambaye ta ko a rubuce kiɗan yake. Tsohuwar ta ce a'a, fuskokin 'yan fim ɗin take bi.

"To gaya mata ta iya," in ji Hajiya, "amma da matar nan ta rufe ƙofa bayan ya tafi, ba kiɗan kuka ya kamata ba. Ajiyar zuciya ta yi, ta tsira da mutuncinta."

Na fassara ina jin nauyi. Tsohuwar ta koma kan kujerarta ta kaɗa wani abu mai sanyi, ta ɗago tana kallon Hajiya.

"Yawwa," in ji Hajiya, ta gyara mayafinta.