Ramin Ƙusa Biyu a Ƙofar Barmo

Shekara huɗu ke nan Nafissa tana yawo da kyamara a unguwar Port Richmond, tana bin tsofaffin Yahudawan da suka taɓa riƙe shagunan unguwar kafin su watse. Da safe aikin kula da tsofaffi take yi, a can ta fara jin labaransu, ta ga masu labarin suna mutuwa ɗaya bayan ɗaya ba wanda ya rubuta ko layi guda. Abin ya tsaya mata a rai, ta fara haɗa fim. 'Yan Nijar na unguwar sukan tambaye ta ko tarihin Damagaram ne ya ƙare. Ko kallo ba su ishe ta ba.

Cikin tsofaffin akwai Zelda Mirsky, mai shekara casa'in da ɗaya. Shagon takalman babanta shi ne yanzu shagon kayan abinci na Barmo, kawun Nafissa. A jikin ƙofar, ta dama, akwai ɗan bututun ƙarfe kamar yatsa, fenti ya binne shi. Mezuza suke ce masa. A ciki akwai ayoyin Attaura da kakan Zelda ya rubuta da hannunsa a Poland, inda aka kashe shi lokacin yaƙi. Iyakar abin da ya rage nasa ke nan a duniya. Bayahude ne ya fara sayen shagon daga hannun babanta, don haka aka bar bututun a ƙofar yadda al'adarsu ta ce.

Sai da Nafissa ta yi wata biyu tana lallashin ɗan Zelda kafin ya yarda ya kawo ta ranar Lahadi, ta taɓa shi, a cire a ba ta. Kuskurenta ɗaya, ta nuna wa Barmo bututun ta ce kada a taɓa, ba ta tsaya bayani ba.

To, Barmo dai Barmo ne. Ranar Juma'a ya sa wuƙa ya ɓamɓare shi, ya ciro takardar da ke ciki, ya ga rubutun da ba Larabci ba, nan take ya gano wai dalilin da ciniki ya ja baya. Sammu ne aka kafa masa a ƙofa. Ya ƙona takardar a bayan shago, ya kora tokar da ruwa.

Da Nafissa ta ji, haushi ya kama ta. Mutumin da laya ke ɗaure a damtsensa tun daga Zinder, mutumin da in ya ga takarda mai sunan Allah a ƙasa sai ya ɗauke ya sumbata, shi ne bai iya ɗaga waya ya yi tambaya ba. Ta faɗa masa haka a gaban masu saye.

"Ke 'yar nan, c'est fini, magana ta ƙare," in ji shi. "A sayo wani a Brooklyn a kafa. Tsohuwa ce, ina za ta gane?"

Wannan maganar ta fi wa Nafissa ciwo a kan ƙona takardar. Ta ce wallahi ba da ita ba.

Ranar Lahadi aka sauko da Zelda daga mota a keken guragu. Nafissa ta so ta faɗa mata tun a waya, bakinta ya kasa. Tsohuwar ta miƙa hannu ba tare da ta duba ba, daidai inda ta saba tun tana yarinya. Yatsunta suka sami ramin ƙusa biyu. Suka hau sama, suka sauko.

"Wa ya cire?"

Barmo ya duƙar da kai yana jera gwangwanin tumatir.

"Kawuna ne," Nafissa ta ce. "Ya ƙone takardar."

Zelda ta daɗe tana kallonta. Sannan ta ce wa ɗanta ya mayar da ita mota.