Ranar da Makaɗina Ya Buga Takena a Kalgo

Shekarun baya can, cikin shekarun saba'in, lokacin da talabijin yake sabon abu a ƙasarmu, ni ba kowa ba ne face tsohon ɗan kokawa mai ciwon gwiwa. Na ce tsoho, amma ko talatin ban cika ba. Shekara bakwai na yi ina kokawa, daga Gwandu har ƙauyukan da ke kewaye, duk inda aka gama girbi aka share fili sai an gan ni. Wata rana a Ceberu gwiwata ta gurɗe. Maɗori ya ɗaure ya kwance ya sake ɗaurewa, daga ƙarshe ya ce in dai ina son in riƙa sallah a tsaye idan na tsufa, in rabu da kokawa. Na rataye warkina na koma koyar da 'yan aji uku a firamare, amma zuciyata tana fili.

Wani abokina da muka yi makaranta tare ya samu aiki a gidan talabijin na Sakkwato, shi ke ɗaukar sauti. Ya zo gida ya ce suna neman wanda zai riƙa gabatar da shirin wasannin gargajiya, kuma ya ba da sunana.

"Ka san kokawa, kuma bakinka bai mutuwa," in ji shi. "Za mu Kalgo ɗaukar wasa. Gwaji guda za a yi ma. In ka yi daidai, aiki ya samu. In ka ɓata, akwai wani mutumin rediyo shina nan shina jira."

Allah ya sani na so aikin nan. Hanya ce ta in koma fili ba tare da an taɓa min gwiwa ba. Na ari farar babbar rigar yayana, na kwana uku ina riƙe da muciya kamar makirufo a tsakar gida ina yi wa kaji sallama. Mahaifiyata tana kallona tana girgiza kai, ta ce in na gama hira da kajin in maido mata da muciyarta za ta tuƙa tuwo.

Ranar da aka sa, motar gidan talabijin ta biyo ta ɗauke ni. Aka sa ni a gaba. To, a nan fa kaina ya fara kumbura. Muka isa Kalgo bayan la'asar, fili ya cika, ganguna na tashi.

A al'adar kokawa, idan ka iso fili, makaɗinka za ka fara nema. Ka durƙusa ka gaishe shi, ka gaya masa ko kamu ka zo yi ko kallo, don ya san abin da zai yi da gangarsa. Makaɗina yana nan ranar, dattijon da ya bi ni shekara bakwai rana da iska. Na hango shi, shi ma ya hango ni. Maimakon in je, sai na ɗaga masa hannu daga nesa kamar wani babban jami'in gwamnati. Na ga ya yi murmushi ya gyara ratayar gangarsa, ban kawo komai a raina ba.

Mai tsara shirin wani Bakano ne gajere mai tabarau, ba ya minti biyu bai duba agogo ba. Ya ja layi a ƙasa da takalminsa ya ce, "Malam, fim ɗin da muka zo da shi na minti goma ne, babu wani. Ka yi sallama, ka faɗi inda muke, ka yi bayanin kamu uku. Kada ka gusa daga kan layin nan."

Aka miƙo min makirufo. Wayarsa tana haɗe da akwatin ɗaukar sauti da abokina ya rataya a kafaɗa. Kyamara ta fara ƙara. Na yi sallama tsaf, na faɗi sunan gari, har na ga Bakanon yana gyaɗa kai.

Sai na ji takena.

Duk sanannen ɗan kokawa yana da nasa kiɗan, wanda ba a buga wa kowa sai shi. Nawa na yi shekara biyu ban ji shi ba. Na daure na ci gaba da magana, amma ƙafafuna sun riga sun fara amsawa a ƙarƙashin riga. Dattijon nan ya taso da gangarsa har kusa da ni, yana bugawa yana waƙa: "Ina na Gwandu? An ce ya sa riga ya mance da mu!" Jama'a suka ɗauki sowa.

Wallahi ban san lokacin da na bar layin ba. Na dai tsinci kaina a tsakiyar fili, hannu ɗaya sama, ina kirari da makirufon gwamnati: "Ni na kututturen ƙirya, gatari shi gaji shi koma gida!" Abokina kuwa, tunda waya ta haɗa mu, dole ya biyo ni da gudu kamar akuyar da ake ja zuwa kasuwa, yana cewa, "Tsaya, don Allah tsaya! Mi kaka yi haka?"

Ban gama kirarin ba wani dogon Bafulatani makiyayi daga Dangoma, wanda ya riga ya kayar da mutum biyu a ranar, ya fito ya tsuguna a gabana ya miƙo hannaye. Nan hankalina ya dawo. Alƙalin wasa, wani tsoho da ya san ni tun ina farawa, ya matso ya ce, "Malam, kai ka san doka. Wanda yay yi kirari cikin hili ya nemi abokin kamu. Ko ka tuɓe, ko ka hwaɗa ma jama'a wasa kaka yi."

Na waiwaya. Bakanon ya ɗora hannu biyu a ka. Na ce a raina aiki dai ya tafi, kada in yi biyu babu, ba aiki ba mutunci. Na cire rigar yayana na naɗe ta a hankali, domin tsoron yayana ya fi tsoron Bafulatanin, na miƙa wa abokina ita tare da makirufo, na tamke wando.

Zan so in ce mun daɗe muna fafatawa. Ba mu daɗe ba. Ya yi kamar zai kama wuyana, na ɗago, sai kawai na ga sararin sama. Fili ya kaure da ihu. Ina kwance da yashi a baki, abokina ya sunkuyo, makirufo a hannunsa, yana tambaya ko na ji ciwo.

Abin mamaki, ba kunya ce ta fara zo min ba. Burge ni saurayin ya yi. Na fizge makirufon ina kwance na ce, "Masu kallo, kun ga abin da wanga yaro yay yi? Bai taɓa ƙahwata mai ciwo ba. Mai lahiyar yat taɗe, yab bar ni tsaye bisa gurguwar, niz zube da kaina. Wanga ba ƙarhi na ba, hankali na!" Na tashi zaune na kira shi, na sa ya sake nuna taɗiyar a hankali, ina bayanin inda ya sa ƙafa da inda ya kai nauyinsa. Na ɗaga hannunsa sama. Daidai nan kyamara ta yi shiru, mai ɗauka ya ce fim ya ƙare. Ashe tun da na bar layi bai kashe ba, duk da ihun da Bakanon yake yi masa.

Na ɗingisa na je gaban makaɗina na durƙusa. Ya yi dariya har da hawaye, ya ce, "Da ka zo ka gaishe ni tun hwarko, da na bar ka ka ci abincinka lahiya." Na ce, "Baba, na yi kuskure, a yi man haƙuri." Ya dafa kaina ya sa min albarka.

Da za mu koma, a bayan mota aka sa ni. Da suka sauke ni a Gwandu, Bakanon ya ce, "Sai ka ji daga gare mu," da irin muryar da ke nufin kada ka jira. Na koma ajina, gwiwa a kumbure.

Bayan sati biyu abokina ya zo a kan babur ya ce shugabansu na nemana. Na tafi Sakkwato ina tunanin ko kuɗin fim za a ce in biya. Shugaban ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "Masu iya magana a tsaye muna da su da yawa. Wanda za a maka da ƙasa ya yabi wanda ya maka shi, har ya koya wa mutane yadda aka yi, shi ne ba mu da shi. Ka fara ranar Litinin." Don daɗi, sai godiya nake ta maimaitawa.

Abin da bai gaya min ba shi ne, sun yanke wurin faɗuwar sun mai da shi mabuɗin shirin. Duk Asabar, kafin in yi wa jama'a sallama, sai an fara nuna ni ƙafafu a sama. A lokacin babu talabijin a unguwarmu, amma fatake suka kawo wa mahaifiyata labari. Ta ce, "Shekara bakwai kana kada mutane, ba wanda yag gani sai 'yan ƙauye. Rana guda anka kada ka, ga shi har Sakkwato an sani."

Da farko abin ya ci min rai, har na roƙi a canza, aka ƙi. Daga baya na gane shi ya sa 'yan kokawa suke sakin jiki da ni. Wanda aka kayar ba ya jin nauyin yi min magana, ya san na san ɗanɗanon yashi. Kuma tun daga ranar ban sake shiga wani fili ba sai na fara zuwa wurin makaɗa na durƙusa, ko da kyamara na jira.

Har yau idan tsofaffi suka gane ni a kasuwar Kalgo, babu mai cewa ga mai gabatar da shiri. Cewa suke, "Ga wanda aka kadawa dut Asabar!" Ni kuwa da murna nake amsawa, domin da wannan faɗuwar na ciyar da iyalina har na yi ritaya.