Fim Ɗin Da Na Gyara Da Almakashi

Ranar takwas ga Zulhijja, bayan sallar asuba, a farkon shekarun alif ɗari tara da hamsin, ina tsaye a zauren wani gidan alhazai a unguwar Hindawiyya ta Makka tare da wani dattijo mutumin Bosniya. Ni ne mai tsaron kayan baƙi a gidan. Kafin in zo Makka makarantar mishan na yi, inda ake dukan yatsa a kan layin da ya karkace, har na girma ba na iya ganin kuskure in ƙyale.

Dattijon zai fita Mina. Ya miƙo mini wani faffaɗan gwangwani, ya ce amana ce, in ɓoye, tun da ba a yarda da majigi a garin nan ba. Da guntun Larabcinsa ya gaya mini gajeren fim ne da ya shirya a kan tatsuniyar ƙasarsu, ta matar magini da aka gine da rai cikin gada domin gadar ta tsaya. Matarsa marigayiya ce ta fito a matar, kuma ba shi da wani kwafin.

Da gida ya watse na buɗe, na ɗaga zaren fim ɗin ga hasken taga. Raina ya ɓaci. Gada ta rushe kafin a gina ta. Magina suna tafiya kai a ƙasa. A wurare da yawa fuskar matar ta hau kan dutse ko ruwa, hoto biyu wuri ɗaya. Na yanke cewa wani malalacin ma'aikaci ne ya cuci tsohon. Kwana huɗu na yi da almakashi da ƙaro. Na jera labarin daga farko zuwa ƙarshe, duk inda hoto ya hau hoto na yanke na jefa murhu.

Da ya dawo na kai masa, ina jiran godiya. Ya daɗe yana bin zaren da yatsa, sannan ya tambaye ni ina matarsa. Ashe da gangan ya yi komai. Shekara biyu ya ɗauka yana ɗora fuskarta a kan dutsen, kuma nan kaɗai ake ganinta kusa. Bai zage ni ba. Ya ce jiya-jiya ya sauko daga Arfa, ba zai ɓata hajjinsa a kaina ba.

Na tsufa ina gyara aikin mutane, amma na sani yanzu cewa rashin fahimtata ba kuskuren mai aiki ba ne. Wanda aka ba ajiya, ajiya aka ce ya yi. Kada ya gyara abin da bai tambayi mai shi ba.

Bayan kwana uku ya tafi Jidda. Bai ɗauki gwangwanin ba.