Jar Alkyabbar Maigida Lambert

Giles Pask bara ne ɗan bara, kuma bai taɓa jin kunyar hakan ba. Tun yana saurayi yake goge takalman Maigida Lambert, wani mai sarauta a Landan, har ranar da ya rufe masa ido. A wasiyya, maigidan ya bar masa jar alkyabbarsa ta karan-miski.

Kyautar manya ke nan! Doka ta hana talaka sa irin wannan tufa, don haka kowane bara ya san inda ake kai ta: gidan wasan kwaikwayo na ƙetaren kogi, inda 'yan wasa ke saye su fito a sarakuna. Giles ma can ya kai ta ya sayar. Baki ne ya ja masa. Duk sanda Uwargida Dorcas, matar marigayin, ta tambaya, sai ya dafa ƙirji ya ce, "Tana cikin akwati, ranki ya daɗe. Ko asu bai isa ya taɓa ta ba."

Da ta gama zaman makoki, sai ta ce ya raka ta kallon wasan da gari ke ta zance, na wani azzalumin sarki da aka kashe a wurin liyafa. Giles ya ɗauki matashin zamanta, suka hau kwalekwale.

Sarki na fitowa, Giles ya ga abin da ke jikinsa. Alkyabbar ce! Ga ma facin da uwargida ta yi da hannunta a kafaɗa. Yana tsaye bayanta yana roƙon Allah ya kawo ruwa, ko gobara ma. Ina! Aka daɓa wa sarki wuƙa, mafitsarar jinin tunkiya da ya ɓoye a ƙirji ta fashe, ya yi ta birgima, wani mahauci cikin 'yan kallo yana ihu, "Ƙara masa, ɗan banza!" Daga nan aka ja sarkin ta ƙafa, alkyabbar na share dandali.

Suka hau kwalekwale za su koma gida. Wallahi Giles ya gwammace uwargida ta kwaɗa masa mari. Sai da suka kusa gaɓa ta yi magana, idonta na kan ruwa.

"Giles, gobe ka koma ka gaya musu da ruwan sanyi ake wanke jini. Kuma kada su shanya ta a rana, ba ta so."

Ya je, ya faɗa. Ya yi mata hidima har tsufa. Ba ta ƙara tambayarsa akwatin ba, shi kuma bai ƙara iya dafa ƙirji a gabanta ba.