Ranar da Tsaga Ta Gagare Ni

Rabin amaren layinmu a Agege ni na yi musu kitso. Don haka da jikata ta ce za ta je shago a gyara mata kai ranar kamunta, na ce ina raye ba za a yi wannan ba.

Ta ce, "Tsohuwa, idonki fa?"

Na ce, "Idon nan ya riga uwarki ganin Ikko. Zauna."

An ɗauke wuta, ɗaki duhu, sai muka shimfiɗa tabarma a tsakar gida tun da hantsi. Ƙananan kitso ta zaɓa, irin wanda kowace tsaga sai an ƙura mata ido kamar mai zura zare a allura. Rana na dukan kwanon rufin maƙwabta tana dawowa fuskata, man da na shafa mata sai ƙyalli yake, ga hon ɗin motocin haya na danfo daga titi ba ƙaƙƙautawa. Kafin azahar na gama ɓari ɗaya tsaf.

Bayan salla abin ya zo. Na sa kibiya zan tsaga, sai na ga layi biyu. Na murza ido, hawaye ya zubo, goshina ya yi nauyi kamar an ɗora mini turmi. Na tsaya da gashi a hannu, na rasa ta dama zan fara ko ta hagu. Da la'asar dangin ango za su iso, ga amarya da rabin kai a tsefe.

"Kaka, a bar shi haka, zan ɗaura ɗankwali."

"Rufe min baki. Amaryar gidana ba ta ɓoye kai."

Taubashiyata, wadda tun ƙuruciya ba ta barina in huta da tsiya, tana gefe tana yanka albasa. Ta goge hannu ta ce, "Makauniya, kawo kibiyar nan."

Ban taɓa ba wa kowa kibiyata ba. Na dube ta, ita ma biyu na gan ta. Na miƙa mata.

"In kika karkace, duk Agege sai ta ji."

Tana tsagawa, ina kamawa ido a rufe, da jiƙaƙƙen tsumma a goshi. Yatsuna sun san hanya. Ina ƙulle na ƙarshe aka yi sallama a ƙofa.

Ƙanwar uban ango ta juya kan yarinyar ta ce, "Hannun wa ke nan?"

Taubashiyata ta yi wuf, "Tsagar tawa ce."

Na ce, "Tata ce. Sauran kuwa, ku tambaye ni gobe, yau idona na barci."