Ƙayar Tarwaɗa a Wuyan Kyanwa

Jiya a kasuwar Goronyo, wajen masu suyar kifi, ƙaya ta maƙale wa wata kyanwa a wuya. Tana kakari tana yagar bakinta, ƙatti masu gemu sun zagaye ta suna dariya, suna ɗauka a waya. Wani ya ɗura mata ruwa, wai taimako. Kafin in kutsa ciki ta mimmiƙe. Har yanzu raina tafasa yake, kuma kakata nake ta tunawa.

Ina yarinya a Rimawa, kyanwarmu ta haɗiyi ƙayar tarwaɗa. Na sheƙo da ruwa a moɗa, Kaka ta buge mini hannu.

"Mi za ki yi? Numfashi taka biɗa, ba ruwa ba! Riƙa min kanta."

Ta naɗe ta tamau da mayafinta mai ƙanshin hayaƙi da daddawa, ta matsa gefen muƙamuƙinta, ta juya bakin wajen rana. Sannan ta zaro ƙayar da matsefatar da kullum ke rataye a wuyanta. Kyanwar ta cije ta a yatsa har jini, ko tsaki ba ta yi ba.

"Dabba ba ta da bakin kiran kowa," in ji ta. "Ke da kig gani, ke za a tambaya."

Jiya kasuwa guda ta gani. Allah ya haskaka makwancinki, Kaka. Su kuwa masu wayoyin nan, ranar da numfashinsu zai sarƙe, Allah kada ya haɗa su da irinsu.